Yadda taurarin fim ke komawa leburori a birnin Lyon

A bikin fina-finai na Lumière, da ake yi a Lyon ta Faransa tun 2009, akan ga fitattun jarumai suna tururuwa daga ƙofar wata tsohuwar masana'anta kamar ma'aikatan da suka tashi daga aiki, ana ta barkwanci.

Suna kwaikwayon fim ɗin da Louis Lumière ya ɗauka a wurin a 1895, wanda bai kai minti ɗaya ba. Quentin Tarantino ya ba da umarnin kwaikwayon a 2013, Martin Scorsese a 2015.

Raha ce, amma talla ce. A Paris aka fara biyan kuɗi don kallon fim ɗin, cikin Disambar 1895; Lyon kuwa ba ta son a manta inda aka ɗauke shi.