Lennart Hyland, Mai Zauren da Ya Ɗauke Ƙasa Guda

Masu karatu, yau za mu leƙa Suwidin, can arewacin Turai, mu ɗauko tarihin mutumin da maganarsa ta taɓa zama tamkar doka, alhali bai riƙe sarauta ba. Sunansa Lennart Hyland, haifaffen garin Tranås a 1919.

Da aikin jarida ya fara, sannan ya shiga gidan rediyon ƙasar a 1945, ya yi suna wajen sharhin wasanni. A 1951 ya buɗe shirin Karusellen, mai haɗa waƙa da raha da gasa. A nan ne, a 1952, ya ba wani saurayi mai laƙabin Snoddas dama ya rera waƙa guda, kafin gari ya waye ƙasa duka ta san shi. A 1954 kuma ya nemi magidanta su karɓi girki da shara da reno na yini ɗaya domin matansu su huta, kuma da yawa suka amsa.

Talabijin ta kafu a Suwidin a 1956. A 1962 Hyland ya mayar da shirinsa Hylands hörna, wato Kusurwar Hyland, daga rediyo zuwa talabijin. Tasha ɗaya ce tak a ƙasar har 1969, don haka baƙon da ya zauna gefensa ya zauna ne gaban kowane gida mai akwati. Firaminista Tage Erlander, wanda ake yi wa kallon mutum marar armashi, ya zo a 1962 ya ba da labarin ban dariya daga yankinsu na Värmland, daga ranar jama'a suka ɗauke shi nasu. A 1966 kuwa ɗan wasa Per Oscarsson ya tuɓe har ya rage sai kamfai yana jawabi kan sha'anin maza da mata, ƙorafi ya yi ta kwarara.

Abin da muka lura shi ne, baiwar Hyland ta haɗu da zamanin ƙofa ɗaya. Shi ke zaɓen wanda zai shiga, ƙasa kuma ta saurara. Shirin ya ƙare a 1983, ya rasu a 1993, lokacin da tashoshi suka yawaita, masu kallo suka rarrabu. Tun daga nan Suwidin ba ta sake samun zaure ɗaya da ya ishe ta ba.