Muhammad al-Kashnawi: Malamin Hisabi da Sanin Sa'a

1.0 Gabatarwa

A Hausa, kalmar sa'a tana ɗauke da ma'anar lokaci, kamar a ce "sa'a guda", tana kuma ɗauke da ma'anar dace, kamar a ce "wane ya taki sa'a". Wannan ya zo daidai da wani tsohon imani da ke cewa kowane aiki yana da lokacin da ya dace da shi, kuma malamin da ya san hisabi zai iya gano wannan lokaci. Wannan takarda za ta dubi rayuwar ɗaya daga cikin fitattun malaman wannan fanni, sannan ta nuna dalilin da ya sa ɗalibin Hausa yake buƙatar sanin ilimin nasa.

2.0 Rayuwarsa

Sunansa Muhammad ibn Muhammad al-Fulani al-Kashnawi, wato Bafillace mutumin Katsina. Daga cikin malamansa akwai Muhammad al-Wali na Bagirmi, ƙasar da ke gabashin kogin Shari a Cadi ta yau, daura da arewacin Kamaru. Bayan fiƙihu da nahawu, ya karanci hisabi da sanin lokuta bisa tsarin malaman Magrib. Ya tafi aikin hajji wajen shekarar 1730, daga bisani ya zauna a Alƙahira. A can ya sauka gidan Hasan al-Jabarti, masanin falaki, kuma a gidan ya rasu a shekarar 1154 Hijira, wato wajen 1741. Ɗan mai masaukin nasa, Abdurrahman al-Jabarti, shi ne ya rubuta tarihinsa cikin littafin Aja'ib al-Athar, kuma daga nan aka samo yawancin abin da aka sani game da shi.

3.0 Ayyukansa

Littattafansa biyu ne suka fi shahara. Na farko shi ne Bahjat al-Afaƙ, wanda ya yi bayani a kan hatimi. Mafi sauƙin hatimi shi ne mai gida tara, inda ake jera lambobi 1 zuwa 9 ta yadda kowane layi, a tsaye ko a kwance ko a karkace, zai ba da jimlar 15. Al-Kashnawi ya nuna hanyoyin gina irinsa masu gidaje da yawa, waɗanda adadin layukansu mara ne. Na biyu shi ne al-Durr al-Manzum, wanda ya ginu a kan al-Sirr al-Maktum da ake jingina wa Fakhruddin al-Razi, kuma ya shafi taurari da ɗalasimai da zaɓen sa'ar yin aiki. Malamai da dama sun soki wannan ɓangare na biyu, Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ma ya yi hani ga duba. Sai dai lissafin da ke ƙarƙashin ilimin ya ci gaba da aiki a hannun marubuta.

4.0 Ramzi da Ɗalibin Ajami

A shekarar 1967, Hassan Ibrahim Gwarzo ya fitar da nazari a Ibadan a kan yadda al-Kashnawi ya bayyana ramzi, wato ɓoye shekara cikin haruffa. Kowane harafin Larabci yana da adadinsa. Idan aka tara shinun (1000) da ƙaf (100) da nun (50) da dal (4), za a sami 1154, shekarar rasuwarsa ke nan. Da wannan hanya marubuta waƙoƙin ajami suke faɗin shekarar da suka kammala aikinsu. Bayan da Modibbo Adama ya karɓi tuta a 1809, garuruwa irin su Garwa da Marwa da Ngaundare sun shiga cikin Fombina, malamai da littattafai suka riƙa kai da komowa tsakaninsu da ƙasar Hausa, saboda haka mai binciken rubuce-rubucen wannan yanki shi ma zai gamu da ramzi da hatimi.

A nan ne ya kamata ɗalibi ya yi hattara. Tsarin ƙidayar haruffa iri biyu ne. A tsarin Magrib, wanda malamanmu suka bi, shinun 1000 ne, amma a tsarin Gabas 300 ne. Wanda ya ɗauki na Gabas ya warware ramzin da ke sama, zai sami 454, ya yi kuskuren shekara 700.

5.0 Kammalawa

Idan aka lura da bayanan da suka gabata, za a ga cewa gadon al-Kashnawi ya kasu biyu. Akwai zaɓen sa'a, wanda har yanzu ake saɓani a kansa, akwai kuma hisabin haruffa, wanda babu mai nazarin ajami da zai wadatu da barinsa. Saboda haka ana shawartar ɗalibi ya haddace adadin haruffa 28 bisa tsarin Magrib tun kafin ya fara warware ramzin kowace waƙa.