Janar Ali Saibu: daga bariki zuwa taron ƙasa

Masu rubutu kan tarihin Nijar sukan taƙaita Ali Saibu a kalma guda ta Faransanci, wato «décrispation», wadda ke nufin sassauta abin da ya ɗaure tamau. A ganinmu, ba za a fahimci wannan sassauci ba sai an duba aikinsa na soja.

An haife shi a 1940 a ƙasar Walam. Ya yi makarantar horon soja ta Saint-Louis a Senegal, ya shiga rundunar Faransa, aka ji masa rauni a Kamaru a 1960. Bayan samun ƴancin kai ya komo cikin sabuwar rundunar Nijar, ya riƙe barikin Gigimi, sannan na Agadas. Daga Agadas ɗin ne ya taho da dakarunsa lokacin juyin mulkin 15 ga Afrilu 1974, wanda ya kifar da Diori Hamani ya ɗora Seyni Kunce. A cikin wannan shekara aka naɗa shi babban hafsan sojoji, ya kuwa zauna a muƙamin har 1987.

Shekara 13 ke nan yana bisa kujerar da ta ba shi damar sanin hafsoshi ɗaya bayan ɗaya, a zamanin da aka yi yunƙurin juyin mulki a 1976 da 1983, kuma manyan abokan Kunce da dama suka rasa matsayinsu. Saboda haka da Kunce ya rasu a Paris ran 10 ga Nuwamba 1987, majalisar ƙoli ta soja ta zaɓi mutumin da bariki ya riga ya saba da shi.

Ya saki fursunonin siyasa, ya kafa jam'iyyar MNSD a 1989, aka zaɓe shi a Disamba na shekarar ba tare da abokin takara ba. To amma a ƙarƙashinsa ne aka harbe ɗalibai a gadar Kennedy ta Yamai ran 9 ga Fabrairu 1990, kuma a Mayu na wannan shekara sojoji suka kashe fararen hula Abzinawa a yankin Cintabaraden. Duk bayanin da ya tsallake waɗannan abubuwa biyu bai cika ba.

Taron ƙasa ya zauna daga 29 ga Yuli zuwa 3 ga Nuwamba 1991 bisa jagorancin André Salifou, ya ƙwace masa iko, ya bar masa sunan shugaba kawai. Ya yarda, bai kuma fito da soja a kan taron ba. Ko boren da ƙananan sojoji suka yi a Fabrairu 1992 bai rushe gwamnatin riƙon ƙwarya ba. Ran 16 ga Afrilu 1993 ya miƙa mulki ga Mahaman Usman, ya koma gefe har rasuwarsa a Oktoba 2011.

Abin lura shi ne, ladabin da runduna ta nuna a waɗannan shekaru ya dogara ne ga mutum guda da sanayyar da ke tsakaninsa da hafsoshi, bai zama ƙa'idar da ta kafu ba. Ƙasa da shekara 3 bayan tafiyarsa, ran 27 ga Janairu 1996, Kanal Ibrahim Bare Mainasara ya kifar da zaɓaɓɓiyar gwamnati.