Ifijeniya, 'Yar Sarkin Da Aka Yanka Domin Iska

Kafin bishara ta isa wurin Helenawa, suna bauta wa gumaka da yawa, suna kuma da tatsuniyoyi a kansu. Cikin waɗannan, kaɗan ne suka kai labarin Ifijeniya ban tausayi. Ita 'yar Agamemnon ce, sarkin Maikini.

An ce Agamemnon ya tara jiragen ruwan Helenawa a tashar Aulis, zai tafi ya yaƙi birnin Taroya, gama an gudu da Helen, matar ɗan'uwansa. Amma iska ta ƙi tashi, domin ya saɓa wa allahiya Artimas, wadda sunanta ne Afisawa suka yi ta kira a zamanin Bulus. Sai boka Kalkas ya ce iska ba za ta taso ba sai sarki ya miƙa 'yarsa hadaya.

Agamemnon ya aika gida a kawo yarinyar, wai za a aurar da ita ga jarumi Akilis. Ta zo da murnar amarci, ashe bagade ne yake jiranta. A wasan kwaikwayon da Eskilus ya nuna a Atina a shekara ta 458 kafin haihuwar Almasihu, yanka ta aka yi. Yuripidis kuwa ya ce Artimas ta sa barewa a madadinta. Ko ta yaya, uban ya riga ya ɗaga wuƙa a zuciyarsa.

Iska ta taso, aka yi shekara 10 ana yaƙi, Taroya ta faɗi. Amma ran da sarki ya komo gida, matarsa Kilitemnestira ta kashe shi saboda jinin 'yarta. Daga baya ɗansu Orestis ya kashe uwar. Nasara ta shiga gida, gidan kuwa ya rushe.

Mai karanta Littafi Mai Tsarki zai tuna da 'yar Yefta a Littafin Mahukunta sura 11, da Ishaku, wanda Allah ya hana a yanka. Shari'ar Musa ma ta haramta miƙa 'ya'ya hadaya. Agamemnon yana da wata hanya: da ya sallami rundunarsa ya sha kunya, 'yarsa ta rayu. Ya fi tsoron bakin mutane da alhakin rai. Duk uban da ya ba da 'yarsa don sarauta, ko dukiya, ko gudun raini, sawun wannan sarki yake bi.