Yadda ake mayar da zance zuwa rashin daidaito mai iyaka biyu a lissafi

Rashin daidaito mai iyaka biyu hanya ce ta lissafi da ke nuna cewa wani adadi yana tsakanin iyakoki biyu, ko kuma yana wajensu. Ɗaliban sakandare kan haɗu da shi a darasin aljabara, inda ake ba su bayani cikin kalmomi, a nemi su rubuta shi da alamomi.

Alamomin huɗu ne. "Ƙasa da" ana rubuta shi <, "fiye da" kuma >. "Bai wuce ba" shi ne ≤, "aƙalla" kuwa ≥. Biyun farko sun fito ne a littafin masanin lissafi na Ingila, Thomas Harriot, wanda aka buga a 1631, shekara goma bayan rasuwarsa.

Matakin farko shi ne a ba adadin da ake magana a kansa harafi. Daga nan a gano ƙaramar iyaka da babba, sannan a duba ko ita kanta iyakar tana cikin lissafin.

Ga misali: yawancin alluran rigakafi ana ajiye su ne a sanyin da ya kama daga digiri 2 zuwa 8 a ma'aunin Salsiyos. Idan harafin t na nufin ma'aunin sanyin, za a rubuta 2 ≤ t ≤ 8, domin 2 da 8 duk suna ciki. Sharuɗɗan biyu dole su cika a lokaci guda, wato "kuma" ce ta haɗa su.

Idan aka tambayi lokacin da allurar ke cikin haɗari, sai a rubuta t < 2 ko t > 8. A nan sharaɗi ɗaya ya wadatar, kuma ba a dunƙule su a layi guda, tun da babu adadin da zai gaza 2 ya kuma zarce 8.

Wani lokaci iyaka ɗaya ce kaɗai ke ciki. Ma'aikatan lafiya na auna kaurin damtsen yara 'yan wata 6 zuwa 59. Bisa ƙa'idar Hukumar Lafiya ta Duniya, kaurin da ya kai santimita 11.5 amma bai kai 12.5 ba alama ce ta matsakaiciyar tamowa: 11.5 ≤ d < 12.5, inda d ke nufin kaurin. Abin da ya gaza 11.5 kuwa tamowa ce mai tsanani. Ɗan layin da ke ƙarƙashin alamar shi ke fayyace rukunin yaron da awonsa ya faɗa daidai kan iyaka.

Kuskuren da aka fi yi shi ne rikita "aƙalla" da "fiye da". Hanyar tantancewa ita ce a sanya adadin iyakar a gurbin harafin, a duba ko amsar ta dace da zancen asali.