Alexandre Trauner: Mutumin Da Ya Riƙa Gina Garuruwa Domin Kyamara

Da yawa daga cikin matasanmu na Kagoma da Kafanchan sun fara ɗaukar gajerun finafinai da waya, kuma kusan kowa so yake ya zama jarumi ko darakta. Shi ya sa muka ga ya dace mu kawo tarihin wani ma'aikacin fim da ba a ganin fuskarsa, wato mai tsara wurin da ake ɗaukar shiri: ɗakuna, tituna, har kujerar da jarumi zai zauna.

An haifi Alexandre Trauner a Budapest ta ƙasar Hungari a 1906. Zane ya karanta, ya koma Faransa a 1929, ya zama yaron wani gwanin wannan sana'a mai suna Lazare Meerson. Lokacin da Jamusawa suka mamaye Faransa a Yaƙin Duniya na Biyu, an hana Yahudawa aikin fim, shi kuwa Bayahude ne. Sai ya ɓuya a wani ƙauye kusa da birnin Nice, yana zana taswirar gine-gine a ɓoye, abokan aiki suna ɗauka su kai wa kafintoci. Ta haka aka gina dogon titin fim ɗin Les Enfants du Paradis, wanda ya fito a 1945.

Bayan yaƙi kuɗi sun yi wuya a Turai. A 1949 ya bi darakta Orson Welles zuwa garin Mogador na Maroko, wanda yau ake kira Essaouira, domin ɗaukar Othello. Kamfanin Italiya da ya ɗauki nauyin aikin ya karye, tufafin 'yan wasa ba su iso ba. Maimakon su nannaɗe hannu, suka mayar da wata fitowa cikin gidan wanka, 'yan wasa suka ɗaura tawul, kafin telolin garin su ɗinka kaya. Fim ɗin ya raba babbar lambar bikin Cannes a 1952.

Dabararsa da ta fi shahara tana cikin The Apartment na 1960. Darakta Billy Wilder yana son ofis mai ɗaruruwan akawu. Trauner ya jera manyan tebura a gaba, ya riƙa rage girmansu zuwa baya, aka zaunar da ƙananan mutane a na can ƙurya. Idon mai kallo ya ga zaure marar iyaka. Wannan aiki ya ba shi lambar Oscar a 1961.

Yana da shekara saba'in da ɗoriya ya zo Afirka ta Yamma. An ɗauki Coup de Torchon, wanda ya fito a 1981, a Senegal, musamman birnin Saint-Louis. Labarin na shekarar 1938 ne, zamanin mulkin mallaka, kuma tsofaffin benayen Turawa da ke tsaye a garin su suka ba shi abin da zai ɗora aikinsa a kai. Ya rasu a Faransa a 1993.

A nan ne abin ya shafe mu. Tun 1927 Kafanchan take mahaɗar layin dogo tsakanin Fatakwal, Kaduna da Jos. Tsohuwar tasha da gidajen ma'aikatan reluwe irin dukiyar da Trauner ya tarar a Saint-Louis ce. Duk wanda zai yi fim kan yadda kakanninmu suka zo fatauci da ƙwadago wannan yanki, a nan zai sami bango da ƙofa da taga na wancan zamani. Idan suka rushe, ba mu da kuɗin sake gina irinsu da katako kamar Turawa.

Don haka muna kira ga matasanmu su fara ɗaukar hotunan waɗannan gine-gine, su auna su, su zauna da dattawa su ji irin fitila da gado da ƙwaryar da ake da su a ɗaka. Kafintoci, masu fenti da telolinmu kuma su sani akwai gurbinsu a harkar fim. Duk mai tsohon hoton tasha ko kasuwa, ya taimaka ya turo wa ofishin sakatare mu adana.

Allah Ya yi mana jagora, amin.