Osteostraci

Osteostraci rukuni ne na kifaye marasa muƙamuƙi waɗanda suka ƙare a duniya. Sun rayu daga tsakiyar zamanin Silurian zuwa ƙarshen Devonian, shekaru kimanin miliyan 430 zuwa 370 da suka wuce, a yankunan da yanzu suke Turai, Rasha da Arewacin Amurka. Faffaɗar garkuwar ƙashi ce ta rufe musu kai. Idanunsu na dab da juna a sama, baki kuwa yana ƙarƙashi, alamar cewa a ƙasan ruwa suke kiwo. Yawancinsu na da fikafikan iyo biyu a bayan kai. A 1927 wani masani ɗan ƙasar Suwidin, Erik Stensiö, ya bayyana siffar ƙwaƙwalwarsu daga burbushin da aka tono a Spitsbergen.